Wata uku ina bin katantanwa da mazari da wayar aro a Tawa

Abin nan a fada ya faro, wani dare cikin sanyin watan Janairu muna jiran shayi na biyu. Yaron da ke mana shayin ya ga garwashi ya fara mutuwa, sai ya kama mariƙin ɗan murhun nan na waya ya shiga wulwula shi da hannu, sama ƙasa sama ƙasa, yadda kowa ke yi in yana son wuta ta tashi. Na ga ana haka ya fi sau dubu tun ina yaro amma ranar ban san me ya shiga kaina ba, na tsaya ina kallon yadda murhun ke kifewa saman kan yaron kuma garwashi ko ɗaya bai zubo ba. Na zaro waya na ɗauka. Da na duba, babu yaro babu hannu babu murhu, zobe ne kawai ja wur yana yawo cikin duhu. Na maimaita kallonsa har shayina ya huce.

Nan take na ce ma ƴan fada zan yi fim. Suka ce to madalla, wa da wa za su fito ciki, na ce ba kowa. Labarin me? Na ce babu labari, abubuwa ne kawai masu juyawa. Wallahi har da mai riƙe ciki don dariya, wani ya ce fim ba soyayya ba faɗa ba waƙa wannan ai gwajin kamera ne sunansa. Wani dattijo maƙwabcinmu da ke zama gefe da rediyonsa shi ne ya ce ku bar shi, garin ga ya saba da irin wanga hauka. Ya tuna mana da marigayi Mustafa Alhasan, wanda ya zauna nan Tawa shekara da shekaru yana da otel da ɗakin aikinsa a ciki, mutumin da tun shekarun 1960 yake zana kwaɗi hoto bayan hoto har su motsa su yi mulki kamar mutane, ya je har Kanada ya ƙaro sanin aikin, ya rasu a 2015. Ya ce shi ma da farko kallon mai wasan yara aka yi mishi. Ni dai ban kai ƙurar takalminsa ba, amma maganar ta sa na kasa janyewa, tunda an riga an ji ni.

Matsala ta farko waya. Wayata Tecno ce tsohuwa, hoto 30 take ɗauka cikin sakan guda, wato abin da muke kira bidiyo ai hotuna ne tsayayyu ake jerawa da sauri har ido ya ɗauka motsi ne. Ga abu mai juyawa da gudu hoto 30 bai isa ba, dishi-dishi kawai kake gani. Sai na tuna tobashina ya dawo daga Abijan da iPhone mai ɗaukar hoto 240 a sakan, in ka kunna shi a kan 30 komai zai rage gudu har sau takwas. Na je na yi ta lallashi, ya ja min rai kwana uku kamar na zo neman auren ɗiyarsa, daga baya muka daidaita: zai ba ni daga safe zuwa azahar, ranar da ya ga dama, ni kuma in sa mishi kati na jikka guda duk sati, kuma in ta faɗi ƙasa in sayar da moto in biya.

Ban da abin kafa kamera, sai na cika kwanon awo da yashi na soka wayar a ciki na tokare ta da dutse biyu. Har na gama fim ɗin da wannan kwanon na yi aiki, kuma bai taɓa ba ni kunya ba.

Ranar farko na karya sharaɗi, na riƙe wayar har dare don ina son baƙin fili a baya kamar na zoben garwashi. Na kunna ƙwan lantarki a ɗaki na murza dala ashirin kan tabur na ɗauka. Da na duba sai ga hoton yana ta ƙifta ido, haske duhu haske duhu kamar ana walƙiya, ga shi ya yi baƙi-baƙi da wani yashi-yashi a ciki. Na zaci na ɓata wayar mutane, gabana ya faɗi. Sai washegari wani mushe da ya koyar da ni fizik a lise ya warware min, ya ce kuran ɗinmu, wato wutar lantarki, yana kai da komo sau 50 ne a sakan, don haka irin wannan ƙwan haskensa yana hawa da sauka sau 100, ido ba ya gani amma kamera mai hoto 240 tana kama shi sarai. Kuma duk hoto ɗaya ɗan mitsitsin lokaci yake samu ya sha haske, shi ya sa ya yi duhu. Ya ce ga rana Allah ya ba ku kyauta a Adar har ta yi yawa, me ya kai ka ɗaki. Daga ranar na koma tsakar gida, tsakanin ƙarfe takwas da goma na safe, na rataya baƙin zanen innata a igiyar shanya ya zama bango. Ta yi faɗa sau biyu ta gaji ta bar min.

Katantanwa ce ta fi ba ni wahala kuma ita ta koya min aikin. Yaran unguwa na tara, ƴan lakwal, ranar da ba su da karatu. Yanzu ba kowa ke da ta ƙoƙon dodon koɗi ba, da murfin bik da ɗan murfin roba suke haɗawa, kuma wallahi akwai wani ɗan ƙaramin da bai fi shekara tara ba in ya murza ta tsakanin yatsa biyu sai ka ji tana wani zuuu. Amma katantanwa ba ta san akwai kamera ba. Ka saita wuri, ka ce a murza nan, tana sauka sai ta kama yawonta ta fice daga hoto, sai in tashi da bidiyon yashi zalla na minti guda wanda in an rage gudunsa ya koma minti takwas na yashi. Na cika wayar tobashina da yashi har ta ce babu sauran wuri. Dabarar da ta fisshe ni tiren shayi ne, wanda tsakiyarsa ta ɗan lotsa saboda tsufa, duk inda aka murza ta sai ta gangaro tsakiya ta zauna nan.

To a nan ne na ci karo da abin da ban yi tsammani ba. Lokacin da katantanwa ta fi gudu, ta miƙe ta kafe wuri guda, a hoto ba ka ganin komai. Kamar an dasa ta. Yaron ya yi murzar da ta fi ta kowa, sauran suna ihu, ni kuma na duba waya na ga kamar hoton murfin bik ne aka ɗauka a tsaye. Wato in abu ya daidaita sosai motsinsa ɓuya yake. Sai ta fara gajiya, kanta ya fara zana ɗan zagaye a iska, zagayen yana faɗi yana faɗi, tana layi kamar wanda ya yi hajijiya, sannan ne fim ke farawa, kuma daga nan zuwa faɗuwa sakan biyu ne ko uku. Na yi kwanaki ina ɗaukar farkon murzawa ina kashe kamera da wuri don tsimin wuri, ashe abin da nake nema shi nake yankewa. Daga baya na riƙa ɗiga ma kowace katantanwa farin fenti a gefe ɗaya, in tana gudu ɗigon ya zama farin zobe, in ta rage sai zoben ya tsinke ya koma ɗigo yana bin kansa.

Kuɗi kuma kunne suke so ba ido ba. Ka murza dala ɗari kan gilas ka saurara, tana gab da kwantawa ƙararta sai ƙara sauri take tana ƙara tsini, rrrrr, sai ɗif. Amma in ka rage gudun hoto sautin ma ja yake ya koma wani gurnani kamar na raƙumi, don haka duk sautin fim ɗin daban na ɗauke shi da tawa wayar, can wajen ƙarfe biyu na dare lokacin da unguwa ta yi tsit, ban da wani jaki da ya rantse sai ya shiga fim ɗina.

Ƙwai na saya wajen mai shayi, dafaffe ɗaya ɗanye ɗaya. Dafaffen in ka murza shi da ƙarfi a kwance tashi yake ya tsaya kan tsininsa, ɗanyen kuwa lumu-lumu yake yi don ruwan cikinsa ba ya bin ɓawon, kuma in ka taɓa shi ya tsaya ka ɗauke yatsa sai ya ci gaba da juyawa shi kaɗai. Ɗanyen ya ƙare a ƙasa, ban sa shi a fim ba.

Ranar Lahadi, ranar kasuwar Tawa, na je wajen wani mai gyaran keke da mushen nan ya ce in gwada wani abu. Muka ciro ƙafar gaba ta keke, muka ɗaura igiya a bakin ƙarfen tsakiya gefe ɗaya kawai, mai gyaran ya riƙe ƙafar a tsaye ya wulwula ta iya ƙarfinsa sannan ya saki ya bar ta rataye a igiya. Hankali ya ce ta kife nan take tunda gefe ɗaya aka riƙe. Ba ta kife ba. Ta tsaya a tsayenta tana juyawa, kuma a hankali tana kewaya igiyar kamar mai duba wanda ya kira ta. Mai gyaran ya ja da baya ya ce a'uzubillahi, shekara ashirin yana taɓa ƙafar keke bai san tana haka ba, kafin ka ce me mutane sun taru har da masu kabu-kabu, kowa sai ya riƙe igiyar da hannunsa ya tabbatar ba sihiri. Mushe ya ce wannan kewayen shi ne dai layin da kan katantanwa ke yi, nauyi yana son kayar da abu amma juyawa tana karkatar da faɗuwar ta koma gefe, kuma wai ita kanta duniya tana irin wannan layin, sai dai zagaye ɗaya yana cin shekara wajen 26,000. A wurin ne kuma na ga wayoyin ƙafar keken suna komawa baya a hoto alhali gaba take yi, dalili kuwa in tsakanin hoto da hoto kowace waya ta kusa kai wurin ta gabanta amma ba ta kai ba, ido sai ya haɗa su ta baya. Wannan da tawa Tecno ma ya fito, cikin rana tsaka.

Duk wannan ina ɗauka ne amma fim ɗin bai da ciki, tarkace ne kawai, ni kaina na sani. Sai wata rana ina neman tsumma a ɗakin kakata na ci karo da taskirarta, ga mazari uku a ciki da gululunsu na yumɓu, ɗaya har da sauran zane ja da fari, ga guntun alli. Rabon da ta yi kaɗi an fi shekara goma, tunda yadi ya cika kasuwa ido kuma ya rage. Na fito da su na ce uwargida, aiki ya same ki. Ta ce "kai maigida, mi kaka nema cikin kayana, in kuɗɗin cefane ka kawo aje nan, in wanga aikin banza naka na hoto ne tashi ka ba ni wuri." Sai da na sayo goro da ƙullin sukari, na kuma roƙo kaɗa wajen wata maƙwabciya mai ƴan itace biyu a bayan gida. Kwana biyu ta yi tana gurzar ta tana fidda gurya, ta shiɓe ta, ta ce ba a yi mata gaggawa, wayar aro ba matsalarta ba ce.

Ranar da ta zauna kaɗin na kafa kwanon yashina dab da gwiwarta. Ta shafa alli a yatsu, ta ɗaga kaɗar da hannun hagu sama, ta dasa tsinin mazarin kan wata ƴar tsohuwar fata, ta murza da babban yatsa da manuni. Murza ɗaya. Hannun nan da ke rawa in ta ɗauki kofin hura, a kan mazari ko gezau. Zaren yana fitowa daga cikin kaɗar siriri kamar ana jawo shi daga hayaƙi, hannun hagu yana ta yin sama har ya miƙe, sai ta tsai da mazarin ta naɗe ta sake murzawa. Na lura ba ta taɓa bari ya kai ga layi, kafin ya fara gajiya ta riga ta kama shi, kuma ba kallonsa take ba, hira take da innata kan kuɗin albasa. Na ce Kaka ki bar shi ya faɗi sau ɗaya mana in ɗauka. Ta dube ni sheƙeƙe ta ce "in bar shi ya hwaɗi zare ya tsinke, kai ka ƙulla min? Mazari in ya zamna ba a jiran ya tashi." Duk roƙona ta ƙi. Katantanwa da kuɗi da ƙwai duk sun faɗi a fim ɗina, mazari kaɗai ne bai faɗi ba.

Da dare na duba abin da na ɗauka, a rage sau takwas. A ido mazarin tsaye yake cak, amma a nan sai ga kansa yana wata ƴar kakkarwa, ƙanƙanuwa, ga ƙurar alli tana tashi daga yatsunta tana bin zaren cikin hasken safe. Tsigar jikina ta tashi. Tun muna yara muke jin ana cewa jikinsa na ɓari kamar mazari, ga shi yau na gani da idona. Na ce shi ke nan na samu ƙarshen fim.

Montaji, wato yanka bidiyoyin da jera su, a manhajar CapCut na yi shi, a tawa wayar, bayan na yi ta kwaso bidiyoyin kaɗan-kaɗan ta kwamfutar wani abokina. Lokacin an shiga Afrilu, zafin Tawa ya wuce 40, wayar sai ta yi zafi ta tsaya, in ɗora ta kan randa in jira, ga kuran yana zuwa yana tafiya. Sau ɗaya na yi aikin awa uku ya tafi a banza, ranar ban yi ma kowa magana ba. Abin da na ɗauka ya fi awa huɗu in an rage gudu, na tankaɗe shi ya dawo minti 4 da ƴan sakanni. Da farko na sa kiɗa a ƙasa, na saurara na ga kiɗan yana gaya ma mutum abin da zai ji, na cire, na bar zuuu ɗin katantanwa da rrrr ɗin kuɗi da numfashin Kaka. Abin da na gano wajen yanka shi ne in abu yana juyawa dama ka yanka zuwa wani mai juyawa dama, ido ba ya jin an canza, tire sai ya zama ƙafar keke, ƙafar keke ta zama maburgi cikin tukunyar miyar kuka. In kuma kana son mai kallo ya farka sai ka juya mishi hagu. Zoben garwashi na sa a farko, mazari a ƙarshe, minti guda cur ba yanka, yana wannan kakkarwar tasa har hoto ya yi baƙi. Wanda zai tura irin wannan ta WhatsApp ya tura shi a matsayin dokima, wato fayil ba bidiyo ba, in ba haka ba matse shi take ƙurar allin nan duk ta ɓace, na gwada.

Mun kalla a tsakar gidanmu bayan isha'i, aka fito da telen maƙwabta aka ɗora kan turmi da faifai, ƴan fada suka zo da shirin dariya. Sun yi dariyar kuwa wajen ƙwai, wanda ya ce gwajin kamera ne ya ce har yanzu bai ga fim ba amma a sake sa wurin ƙafar keke. Yaran katantanwa kowa yana nuna yatsansa yana cewa ga ni nan. Dattijon mai rediyo bai ce komai ba, ya dai zauna har ƙarshe. Da aka zo kan mazari wuri ya yi shiru, ni kuma ina gefe ina jin kaina kamar wani babba.

Kaka ta ce a matso mata da tabarma gaba. Ta ƙura ido har hoton ya ƙare, ta ce a maido. Aka maido. Sai ta tafa hannu ta ce "ashe! Shi ya sa zaren ga ya riƙa yi min kauri wuri-wuri. Wanga mazari ya karkace, dubi kansa yadda shika rawa, ajiya ta tanƙwara shi. Mazarin kirki ba ya haka." Ta aiki ƙanena ya ɗauko taskirar, ta fiddo shi ta mirgina kan tire a gaban kowa, ga shi kuwa yana ɗingishi. Ta ɗauko na biyun mai zane ja da fari ta mirgina, ya tafi sumul. Ta ce gobe da hantsi in zo da kwanon yashina in sake ɗauka da wannan, kada a kai ta duniya da karkataccen mazari a ce ba ta iya kaɗi ba.

Tobashina kuwa tun sati biyu kafin nan ya hau mota ya koma Abijan da wayarsa. Na je da hantsin da Tecno ɗina, ta yi kaɗinta na ɗauka, a hoto mazarin tsaye yake kamar an kafa ƙusa. Ta karɓa ta duba ta ce yawwa, wannan za ka sa. Har yau fim biyu ne a wayata, kuma duk wanda ya zo gaishe ta sai ta ce in nuna mishi nata.